Tafiyar ƙafa da kwana a gidajen manoma a tsaunukan Sapa

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗan kasuwa ne, ina harkar ɗanyen kashu, kuma zan je Biyetnam ganin masu saye. Idan na gama zan samu kwana huɗu ko biyar ba ni da aiki. Na ga hotunan gonakin shinkafar da ake yi hawa-hawa a jikin tsaunuka a wani wuri da ake kira Sapa, an ce ana takawa daga ƙauye zuwa ƙauye ana kwana a gidajen mutane. Abin ya kai a sha wahalarsa? Dole ne sai da ɗan jagora? Musulmi zai samu abin ci da wurin sallah? Na haura shekara 50, kuma tare da maiɗakina za mu je.

Amsa: Wa alaikumus salam, Alhaji. Ya kai, kuma ina ba ku shawara ku je. Sai dai tafiyar Sapa iri biyu ce, sunansu ɗaya, hotunan tallarsu ɗaya, amma abin da mutum yake tararwa ya sha bamban. Abin da ya raba su shi ne wanda ya ja ku. Idan kun sayi tafiyar a shagon 'yan yawon buɗe ido a Hanoi, babban birnin ƙasar, za a haɗa ku da tarin baƙi, a bi da ku hanyar da kowa yake bi, a sauke ku a ginin da aka yi don baƙi kawai, a ce muku gidan manomi ne. Idan kuwa kun nemi 'yar ƙauyen ta yi muku jagora da kanta, a gidansu za ku kwana ko na danginta, gonakin mutanen da ta sani za ku ratsa, kuma ita za ta tsaya a kan tukunyarku. Amsar tambayarka ta abinci da ta sallah duk tana wuyan wannan zaɓin.

Ku fara da lissafin kwanaki. Masana'antun fasa kashu galibi a kudu suke, a kewayen birnin Ho Chi Minh, Sapa kuma tana can ƙuryar arewa maso yamma, a lardin Lao Cai, dab da iyakar Sin. Jirgin sama daga Ho Chi Minh zuwa Hanoi kamar awa 2 ne. Daga Hanoi akwai jirgin ƙasa na dare mai gadajen kwana, wajen awa 8 zuwa garin Lao Cai, sai a hau mota a yi kamar kilomita 35 ana ta hawa kwana-kwana har Sapa. Akwai kuma babbar hanyar da aka buɗe a 2014, wadda mota take cinyewa cikin awa 5 zuwa 6. Ga mai shekarunka na fi son jirgin ƙasa ko ƙaramar bas mai kujerun kishingiɗa, domin gadajen manyan motocin kwana gajeru ne, dogon mutum ba ya miƙe ƙafa. Zuwa da dawowa sun ci kwana biyu ke nan. Idan kwana biyar gare ku, abin da ya rage yini uku ne da dare biyu, kuma sun isa.

Garin Sapa kansa kada ku ba shi fiye da rabin yini. Faransawa ne suka mayar da shi wurin shan iska a farkon ƙarni na 20, suna gudun zafin Hanoi, domin yana kan tudu mai tsayin kusan mita 1,500. Ya sha ɓarna a yaƙin iyaka da Sin a 1979, aka sake buɗe shi ga baƙi a shekarun 1990, yau kuma otal ne a kan otal, da ƙarar gini da cunkoson motoci. A bayansa tsaunin Fansipan yake, mai sama da mita 3,100, mafi tsayi a Biyetnam da Laos da Kambodiya. Tun 2016 akwai keken igiya da yake kai mutum kusa da ƙololuwarsa cikin 'yan mintuna. Idan gari ya washe ku hau, idan akwai hazo kuɗinku kawai za ku zubar. Ƙauyen Cat Cat da ke gindin garin ma ba na tura kowa can: tikiti ake yanka a ƙofa, kuma yawancin abin da za ka gani shaguna ne da masu hayar tufafin gargajiya don ɗaukar hoto.

Abin da ya kawo ku yana cikin kwarin Muong Hoa, kudu maso gabas da garin. Ina so ka san abin da za ka kalla kafin ka isa, domin wanda bai san aikin da ke ciki ba hoto kawai yake gani. Kowane hawa fangali ne da aka sare a jikin tsauni, aka daidaita shi har ruwa ya kwanta a kansa daidai wa daida, aka tare bakinsa da bangon laka da ake mulmulawa da fartanya da hannu. Wani fangalin faɗinsa bai wuce taku biyu ba, amma yana bin lanƙwasar tsaunin ya yi nisa. Babu injin ban ruwa. Ana tsaro ruwa daga ƙoramar da ke sama, a janyo shi ta 'yar magudana ko ta cikin gorar da aka tsaga, ya zuba a fangalin farko. Idan ya cika sai ya malala ta wata 'yar kafa da aka bari a bakin bangon zuwa na ƙasa da shi, haka har gindin kwarin. Kafofin ba a jere suke ba, an karkata su da gangan don kada ruwan ya yi ƙarfi ya yanke bangon. Wannan tsari ne ya sa na ƙasa yake dogaro da na sama, kuma rabon ruwa a tsakanin gidaje magana ce babba a ƙauyukan. Da ɓaunar gida ake yin huɗa, ko da ƙaramin injin hannu inda faɗin ya ba da dama. Ƙabilun Hmong da Dao da suka sare yawancin waɗannan tsaunuka sun gangaro ne daga kudancin Sin cikin 'yan ƙarnukan da suka wuce, kuma har yau kowace shekara sai an sake gyara bango an toshe inda ya tsage.

Saboda sanyin tudu, sau ɗaya ake noman shinkafa a shekara, alhali a filayen ƙasa ana yin sau biyu ko uku. Abin da aka girbe shi ne abincin gidan har wata shekara, ba na kasuwa ba ne. Shi ya sa nake jan kunnen duk wanda na tura: bangon lakar nan da za a bi da ku ta kansa, ku taka inda jagora ta taka. Baƙo ya zame ya rushe taku ɗaya na bango, ruwan fangali ya tsiyaye cikin dare, shi ya wuce abinsa, mai gona ne zai wayi gari da asara.

Noma sau ɗaya yana nufin hoton da ka gani ba kullum yake nan ba, kuma a nan mutane da yawa suke cizon yatsa. A watan Mayu zuwa farkon Yuni ake cika fangaloli da ruwa ana dashe, tsauni duk ya koma yana ƙyalli, mata sun sunkuya a jere suna kafa iri. Yuli da Agusta kore ne shar, amma lokacin ne ruwan sama ya fi ƙarfi, hanya ta zama taɓo, matsattsaku kuma suna nan a cikin ciyawa. Daga ƙarshen Agusta zuwa cikin Satumba shinkafa take nuna ta yi ruwan gwal, a shiga yanka. Idan kun dace da wannan lokacin za ku ga an ɗauko babban akwatin katako an kai shi har cikin gona, mutum biyu ko uku suna riƙe da dammunan shinkafa suna buga su a jikinsa, ƙwayar tana zuba ciki, samari suna ɗora buhuna a babur suna gangarawa ta hanyar da kai ko a ƙafa sai ka yi hattara. Bayan girbi, Oktoba da Nuwamba sun fi daɗin tafiya, ƙasa ta bushe, sama ta buɗe, sai dai gonakin kara ne kawai. Daga Disamba zuwa Fabrairu akwai sanyi mai shiga ƙashi, hazo yakan rufe kwarin kwana da kwanaki, wata shekarar har ƙanƙara take sauka, gidajen kuma na katako ne masu shigar iska. Wannan lokacin ban yarda ka kai Hajiya ba. Maris da Afrilu babu laifi. Idan kana da ikon tsara ganawarka da masu sayen kashu, ka nufi Mayu ko farkon Satumba. Amma Satumba tana da nata haɗarin: a Satumbar 2024 guguwar Yagi ta jawo zaftarewar ƙasa a lardin Lao Cai, ta binne ƙauyen Lang Nu da mutane da dama. Idan an yi kwanaki ana ruwa kuma jagora ta ce yau ba a hawa, kada ku yi mata musu.

Game da ko dole ne sai da jagora: hanyar Sapa zuwa Lao Chai zuwa Ta Van, wadda ba ta wuce kilomita 10 zuwa 12 ba, mutum zai iya lalubo ta da taswirar waya. Amma abin da zai samu titin siminti ne da babura. Ƙananan hanyoyin da suke ratsa gonaki da kurmin gora suna sauyawa da damina, wata ta rufe, wata ta zama ta dabbobi, babu alama ko ɗaya. Masu jagorar nan yawancinsu mata ne 'yan Hmong da Dao. Da yawansu ba su yi nisa a makaranta ba, Turancin da suke yi a bakin baƙi suka tsince shi tun suna yara suna tallar kayan saƙa, kuma za ka yi mamakin yadda ya zauna a bakinsu. Idan ka biya a Hanoi, kuɗin yana ratsa hannu biyu ko uku kafin ɗan abin da ya saura ya kai ga matar da ta yi yini tana riƙe hannun matarka a kan santsi. Wannan yana damuna ƙwarai, domin gonarsu ce da ƙauyensu da tufafinsu ake sayarwa a hotunan talla. Akwai ƙungiyoyin da 'yan ƙabilun suke gudanarwa da kansu, irin su Sapa Sisters da Sapa O'Chau, akwai kuma mata masu zaman kansu da ake samu ta WhatsApp ko Facebook. Ku nemi tafiya ta ku kaɗai, ba ta ayari ba. Ta fi tsada, amma ku ne masu cewa a tsaya a huta, kuma ku kaɗai za a dafa wa abinci.

Da kun fara gangarawa wasu mata masu kwando a baya za su biyo ku. Za su tambayi sunanka da ƙasarka da yawan 'ya'yanka, su kama hannun Hajiya a wurin santsi, su saƙa mata ɗan doki da ciyawa. A inda za a ci abincin rana sai su buɗe kwandunan: jakunkuna, mundaye, ƙyallaye masu ado. Wasu baƙin suna jin an yaudare su. Ni ban ɗauke shi yaudara ba, sana'a ce, kuma taimakon da suka yi a hanya na gaske ne. Ɗan kasuwa kamarka ba sai an koya masa ba: idan ba ka so, ka faɗa tun a farkon hanya, idan kuma ka bari ta raka ka awa uku, ka sayi wani abu a hannunta, ka yi tayi cikin mutunci. Yara ƙanana masu talla su ne ban so ku saya a hannunsu, ko ku raba musu kuɗi da alewa. Hukumomin garin ma suna roƙon baƙi su daina, saboda cinikin yana hana su zuwa makaranta.

Za ka lura hannayen matan Hmong sun yi shuɗi har wuyan hannu. Rini suke yi. Suna noma wata irin rama su saƙa zarenta, su zana ado da kakin zuma, su tsoma a baho na shuni sau da yawa har ƙyallen ya yi baƙi-baƙi, sannan su goge shi da dutse ya yi sheƙi. Wanda ya taɓa tsayawa a marinar Ƙofar Mata a Kano zai gane warin tun daga bakin ƙofa. Idan Hajiya ta sayi sabon rini, ta wanke shi daban, yana zuba.

Ga yadda zan tsara muku. Ranar farko ku gangara ta Y Linh Ho zuwa Lao Chai, ƙauyen Hmong, ku kwana a can ko a gefen Ta Van. Tsakiyar Ta Van, inda 'yan ƙabilar Giay suke a bakin rafi, ta cika da masaukai da wuraren shan kofi, don haka ku ce a kai ku gidan da ke sama da ƙauyen. Rana ta biyu ku bi ta kurmin gora zuwa Giang Ta Chai, ku ƙarasa a mota zuwa Ban Ho, ƙauyen 'yan ƙabilar Tay masu gina gida a kan dirkoki, inda ya fi ɗumi saboda yana ƙasa. Ko kuma ku koma ta gari ku nufi Ta Phin, wurin 'yan Dao masu jan ɗankwali. Su ne masu wankan ganye: ana tafasa ganyaye da saiwoyin daji a zuba a ganga ta katako, mutum ya shiga ya zauna. Asalinsa na masu jego ne da marasa lafiya, kuma bayan yini biyu ana tafiya gaɓoɓi suna jin daɗinsa. Kada a wuce minti 20 a ciki, yana sa jiri.

Tsayin wurin ba ya kai ga hana numfashi. Gwiwa ce take shan wuya, domin gangara ta fi hawa yawa, kuma jar lakar nan tana da santsi. Ku sa takalmi mai haƙora, ko ku yi hayar dogon takalmin roba a gari idan an yi ruwa, ku karɓi sandar gora. Manyan jakunkuna a bar su a gari ko a tura su a babur. Idan ɗayanku ya gaji, kusan ko'ina akwai ɗan acaɓa da jagora za ta kira. Hajiya ta sa wando mai faɗi da riga zuwa gwiwa da ƙaramin hijabi, doguwar abaya za ta kwashi taɓo ta harɗe ta. Rufe kai ba baƙon abu ba ne a can, matan ƙauyen ma da ɗankwali suke yawo. Baƙar fata ce ba su saba gani ba, don haka za a kalle ku, wata tsohuwa ma ta taɓa hannunka ko ta nemi hoto. A iya sanina da wurin, mamaki ne, ba raini ba.

Gidan Hmong na ainihi a ƙasa yake, na katako, da murhu a tsakar ɗaki da masara rataye a sama. Baƙi sukan kwana a bene, katifu a jere da gidan sauro da bargo mai nauyi. Yawancin gidajen da suke karɓar baƙi yanzu suna da banɗaki na zamani da ruwan zafi, wasu da ɗaki mai ƙofa, kuma shi za ku nema tun kafin ku zo. A bangon da ke fuskantar babbar ƙofa akwai wurin da suke girmama kakanninsu, wani lokacin takarda ce kawai manne da gashin kaza. Ba addininmu ba ne, amma gidan mutane ne: kada a taɓa, kada a rataya kaya a wurin, kada a jingina da ginshiƙin tsakiyar ɗaki. Idan kun ga an soke ɗanyen ganye a ƙofar wani gida, alama ce ta ba a son baƙo ya shiga a ranar. A nemi izini kafin a ɗauki hoton mutum, kuma a guji shafa kan yara.

Sai abinci, kuma a nan zan faɗa maka gaskiya ƙarara. Alade shi ne naman yau da kullum a yankin, yana yawo a tsakar gida, da kitsensa ake suya a gidaje da yawa. Cewa "ba ma cin alade" kawai ba ta isa ba, domin uwar gida za ta cire naman da zuciya ɗaya, ta soya muku ganye da kitsen, ta barbaɗa garin ɗanɗanon da aka fi amfani da shi a Biyetnam, wanda galibi da romon ƙashin alade ake yin sa. Abubuwa uku za ku faɗa wa jagora a rubuce tun kuna Hanoi: ba naman, ba kitsen, ba garin romon. Ku sayi kwalbar man girki a Sapa ku tafi da ita, ku roƙi a wanke kasko kafin a ɗora naku. Abin da ya rage yana da yawa: shinkafar gidan, awara da aka dafa da tumatir, ƙwai, kabeji, tohon gora, naman kaza irin na tsiro, ganyaye iri-iri, da kifi, domin ana kiwon kifin ruwan sanyi a ƙoramun Sapa. Idan kuna son nama, ku ce za ku sayi kaza mai rai ka yanka da hannunka. Ba su cika ƙin wannan ba, kuma shi ya fi kwanciyar hankali. Akwai wani soyayyen abinci da ake naɗe kayan haɗi a cikin siririn ɓawo, ana kawo shi kusan kowane dare; a tambaya, sau da yawa akwai niƙaƙƙen alade a ciki. Ku riƙe dabino da gyaɗa da kifin gwangwani don rana.

Da daddare mai gida yakan fito da barasar shinkafa ko ta masara da aka dafa a gida, a zuba a ƙananan kofuna, kuma a wurinsu karramawa ce ga baƙo. Idan ku kaɗai ne baƙin, jagora za ta gaya masa tun da rana, a kawo shayi a madadinta, babu wanda zai ji haushi. A cikin ayarin Turawa ba ka da wannan ikon, za ka tsinci kanka a teburin da ake ta zagayawa da kwalba.

Babu masallaci a ƙauyukan. A Hanoi akwai masallacin Al-Noor a titin Hang Luoc, cikin tsohon gari, wanda 'yan kasuwar Indiya suka gina a ƙarshen ƙarni na 19, kuma a kewayensa ana samun abincin halal. Idan Juma'a ta faɗo cikin kwanakinku, ku tsara ta same ku a can. A kan hanya matafiya ne ku, kuna da sauƙin kasaru da haɗa salloli. Alƙibla tana yamma, ta ɗan karkata arewa kaɗan. Ku ɗauki darduma mara nauyi da ƙaramar buta, da tufafin sallah daban a ƙulle cikin leda, domin lakar hanya a gauraye take da kashin dabbobi, kuma kusan kowane gida akwai kare. Benen da kuke kwana ya fi ko'ina tsabta, a nan za ku shimfiɗa.

Tun Agustan 2023 Biyetnam ta buɗe bizar intanet ga 'yan kowace ƙasa, ta kwana 90, dala 25 ga mai shiga sau ɗaya, kuma tana da ofishin jakadanci a Abuja. Tunda kasuwanci ne ya kai ka, ka tabbatar irin bizar da ka nema ta dace da shi, ka kuma nema da wuri. Ku riƙe fasfo a jikinku har ƙauye, saboda doka ta ɗora wa mai masauki ya yi rajistar baƙon waje a wurin 'yan sanda. Ku ciri kuɗin ƙasar, dong, a Sapa, ƙananan takardu, domin a ƙauye babu na'urar cirar kuɗi, kuma akwai shingen da ake biyan kuɗin shiga kwarin. Kafin ku biya kafin alƙalami, jagora ta rubuto muku sunan ƙauyen da za ku kwana, ko gidan na iyali ne da suke zaune a ciki, ko akwai wasu baƙin a daren, da abin da kuɗin ya ƙunsa: abinci, tikitin shiga, da motar dawowa gari. Sannan ku bar kwana ɗaya cur tsakanin komawarku Hanoi da jirginku na gida, musamman da damina, saboda ƙasa takan zafto ta rufe hanyar Sapa zuwa Lao Cai na wasu awoyi.